ANIME: Zanen Japan Ya Ci Kasuwar Duniya, Masu Zana Shi Suna Kukan Rashi

A ƙarshen shekarar 2025 Ƙungiyar Kamfanonin Majigin Zane ta ƙasar Japan, wadda aka fi sani da AJA, ta bayyana lissafin cinikin da sana'arsu ta yi a shekarar 2024. Lissafin ya nuna cewa kuɗin da jama'ar duniya suka kashe a kan anime da kayayyakin da suka danganci shi ya kai yen tiriliyan 3.84, watau kimanin dalar Amurka biliyan 25. Ba a taɓa samun ciniki mai yawan haka ba tun da aka fara ajiye lissafi, kuma adadin ya ninka na shekarar 2013 fiye da sau biyu.

Abin da ya fi jan hankalin masu lura da harkokin kasuwanci shi ne inda kuɗin suka fito. Yen tiriliyan 2.17 daga ƙasashen waje suka zo, yayin da kasuwar cikin gida ta ba da tiriliyan 1.67. Watau ke nan sana'ar da aka kafa domin ɗebe wa yaran Japan kewa da maraice, yanzu baƙi ne suke ɗauke da fiye da rabin nauyinta.

Sai dai kuma a bayan waɗannan maƙudan kuɗi akwai dubban samari da 'yan mata da suke duƙe a kan tebur dare da rana a unguwannin Suginami da Nerima na birnin Tokyo, inda kamfanonin zane suka fi yawa. Da yawa daga cikinsu abin da suke samu ba ya isarsu kuɗin haya da abinci. Yadda aka yi sana'ar ta bunƙasa haka, da dalilin da ya sa arzikinta bai sauko kan masu riƙe da alƙalami ba, labari ne guda, kuma tushensa ɗaya.

MENE NE ANIME?

Anime suna ne da duniya ta laƙaba wa majigin zane na ƙasar Japan, irin wanda jama'a suke kira katun. Ana zana hotuna ɗaya bayan ɗaya, kowane ya ɗan bambanta da na gabansa, sa'an nan a nuna su a jere da sauri har ido ya ga kamar suna motsi. Mafi yawan labaran daga manga ake ɗauko su, watau littattafan labari cikin zane-zane waɗanda babba da yaro suke karantawa a Japan. Mujallar manga guda ɗaya mai suna Shonen Jump ta taɓa buga kofi sama da miliyan 6 da rabi a mako ɗaya a tsakiyar shekarun 1990.

Bambancin anime da katun ɗin da aka saba gani shi ne faɗin abin da yake taɓawa. Akwai na yara ƙanana, akwai na wasan ƙwallo, na yaƙi, na soyayya, na tarihi, na girki, har da na siyasa da na ban tsoro. Haka nan labarin yakan ci gaba daga mako zuwa mako, jarumi ya girma, ya yi aure, ya haihu, wani ma ya mutu, ta yadda wanda ya fara kallo yana yaro yakan manyanta tare da labarin. Shirin Sazae-san, wanda ya ƙunshi rayuwar wani gida a Tokyo, tun watan Oktoba na 1969 ake nuna shi, kuma babu majigin zane na telebijin a duniya da ya kai shi daɗewa.

LIKITAN DA YA KARYA FARASHI

An fara majigin zane a Japan a shekarar 1917, da gajerun finafinai na 'yan mintoci. A 1945 aka fito da dogon fim na farko, wanda rundunar sojan ruwa ta sa aka yi domin farfagandar yaƙi. Bayan yaƙi, kamfanin Toei ya kafa sashen zane a 1956, ya kuma fito da dogon fim mai launi a 1958.

Amma mutumin da ya aza harsashin kasuwar kamar yadda take a yau shi ne Osamu Tezuka, wanda ya yi karatun likita amma ya zaɓi zane. A ranar 1 ga Janairu, 1963, gidan telebijin na Fuji ya fara nuna shirinsa Tetsuwan Atomu, wanda ƙasashen waje suka sani da Astro Boy, labarin wani mutum-mutumin inji mai siffar yaro da tausayin ɗan Adam. A wancan zamani masana sana'ar suna ganin ba zai yiwu a riƙa fito da shirin rabin awa kowane mako ba, domin majigi yana cin hoto 24 a daƙiƙa ɗaya, kuma manyan kamfanonin Amurka sukan zana 12 zuwa 24 daga cikinsu.

Tezuka ya rage zanen zuwa 8 a daƙiƙa, wani lokaci ma ƙasa da haka. Idan mutum yana magana, sai a bar jikinsa tsaye a motsa bakinsa kaɗai. Idan ana son nuna tafiya, sai a ja kyamara a kan hoto guda. Zanen da aka yi amfani da shi a wannan mako kuwa a adana shi domin mako mai zuwa. Tun da motsi ya ragu, sai nauyi ya koma kan daɗin labari da tsara hoto, kuma wannan dabara da talauci ya haifar ita ce ta zama kamannin anime har yau.

Bayan haka Tezuka ya sayar da shirin a kan kuɗin da bai kai abin da yake kashewa ba. Lissafinsa shi ne ya mayar da asarar ta hanyar sayar da izinin buga hoton jaruminsa a kan kayayyaki, da kuma sayar wa ƙasashen waje. Lissafin ya yi aiki da fari. Kamfanin alewa na Meiji ya yi ciniki ƙwarai da hotunan Atomu, kuma kafin shekarar ta ƙare an fara nuna shirin a Amurka. Shirin ya kai kashi 193. Duk da haka kamfanin da ya kafa, Mushi, ya karye a 1973. Tezuka ya rasu a 1989, amma tsarin da ya bari na nan: zanen kansa da araha ake sayensa, riba kuwa a wani wuri take.

YADDA YA TSALLAKA TEKU

Arahar nan ce ta buɗe wa anime ƙofofin ƙasashen waje. A shekarun 1970 da 1980 gidajen telebijin suna ƙaruwa a duniya, suna neman abin da za su cika lokacin yara da shi, shirye-shiryen Japan kuwa ga yawa ga sauƙin kuɗi. A watan Yuli na 1978 Faransa ta fara nuna Grendizer da sunan Goldorak, yara suka rungume shi hannu bibbiyu, Italiya ma haka. Tun daga lokacin Faransa ta zama ɗaya daga cikin manyan kasuwannin manga a wajen Japan.

Ƙasashen Larabawa ma ba a bar su a baya ba. An juya Grendizer zuwa Larabci, aka kuma juya wani shiri na 1975 da Japanawa suka gina a kan hikayar Sindbad ta littafin Dare Dubu Da Ɗaya. Shirin ƙwallon ƙafa na Captain Tsubasa ya koma Kyaftin Majid a bakin yaran Larabawa. Wannan shiri dai 'yan ƙwallon Sifen irin su Fernando Torres da Andres Iniesta sun ce da shi suka taso, kuma dukansu biyu sun je sun buga ƙwallo a Japan a 2018. A nan Nijeriya, waɗanda suka yi yarinta a birane a ƙarshen shekarun 1980 suna tuna Voltron, inji mai haɗuwa daga zakuna biyar, ko da yake kaɗan ne suka san cewa zanen Toei ne Amurkawa suka sake wa suna da murya.

Daga nan sai manyan shirye-shirye suka biyo baya: Dragon Ball na Akira Toriyama a 1986, Pokémon a 1997, One Piece na Eiichiro Oda a 1999, da Naruto a 2002. Littattafan One Piece kaɗai an buga fiye da miliyan 500, shirin telebijin ɗinsa kuwa ya wuce kashi 1,000 tun 2021. A 2018 dubban mutane suka taru a dandalin wasu biranen Meziko domin kallon ƙarshen wani zango na Dragon Ball a kan manyan alluna. Da Toriyama ya rasu a watan Maris na 2024 yana da shekara 68, Shugaban Faransa Emmanuel Macron da Ma'aikatar Harkokin Waje ta Sin suna cikin waɗanda suka yi ta'aziyya.

Ta fuskar daraja kuma, kamfanin Ghibli da Hayao Miyazaki da Isao Takahata da Toshio Suzuki suka kafa a 1985 shi ne ya sa manyan masu sharhin finafinai suka daina yi wa anime kallon wasan yara. Fim ɗin Miyazaki mai suna Spirited Away ya ci babbar lambar bikin finafinai na Berlin a 2002 da lambar Oscar a 2003, sa'an nan ya sake cin Oscar a 2024 da The Boy and the Heron.

ZUWAN INTANET

A da, mai kallo a waje yakan jira shekara biyu ko uku kafin shiri ya iso ƙasarsa, kuma sau da yawa an yanke shi an sauya sunaye. Masoya suka gaji da jira, suka shiga fassara shirye-shiryen da kansu suna rarrabawa ba da izini ba, da fari a kaset ɗin bidiyo, daga baya a intanet. Kamfanin Crunchyroll, wanda aka kafa a Kalifoniya a 2006, da irin wannan kaya ya fara. A 2009 ya share kayan sata, ya ƙulla yarjejeniya da masu haƙƙin mallaka, ya fara nuna sabon kashi da fassara kimanin awa ɗaya bayan an nuna shi a Japan.

Wannan ya nuna wa Japanawa cewa waɗanda suke kira ɓarayi, masu saye ne da ba a kai wa kaya ba. A 2021 kamfanin Sony ya kammala sayen Crunchyroll a kan dala biliyan 1.175. Masu biyan kuɗin wata a kafar sun kai miliyan 15 a 2024, suka kai miliyan 17 a 2025. Kamfanin Netflix kuma ya sanar a 2025 cewa fiye da rabin masu amfani da shi suna kallon anime, kuma an kalli irin waɗannan shirye-shirye sama da sau biliyan ɗaya a kafarsa cikin 2024.

Annobar korona ta ƙara wa abin ƙarfi, domin jama'a suna kulle a gida. A shekarar 2020 ne cinikin waje ya fara zarce na cikin gida. A wannan shekara kuma aka fito da fim ɗin Demon Slayer: Mugen Train, wanda ya tara sama da yen biliyan 40 a gidajen sinima na Japan, ya karya tarihin da Spirited Away ya riƙe shekara 19, ya kuma fi kowane fim na 2020 ciniki a duniya da kimanin dala miliyan 500. Wanda ya biyo bayansa a 2025, Infinity Castle, ya tara wajen dala miliyan 70 a kwana ukun farko a Amurka, ya kuma haura dala miliyan 700 a duniya.

KURA DA SHAN BUGU

Hausawa kan ce kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi. Lissafin ƙungiyar AJA da kansa ya tabbatar da wannan karin magana. Daga cikin yen tiriliyan 3.84 na 2024, abin da ya shiga aljihun kamfanonin da suke yin zanen bai wuce yen biliyan 466 ba, watau kimanin kashi 12 cikin ɗari.

Dalilin haka yana cikin tsarin zuba jari. Tun daga tsakiyar shekarun 1990, yawancin shirye-shirye wani kwamiti ne yake ɗaukar nauyinsu. Kamfanin ɗab'i da gidan telebijin da masu kayan wasan yara da masu faifan waƙa da masu talla sukan haɗa kuɗi, kowa ya ɗauki haƙƙin sashen da ya shafe shi. Amfanin tsarin shi ne idan shiri ya faɗi, asarar ba ta kashe kowa. Kamfanin zane kuwa sau da yawa ɗan kwangila ne kawai, a biya shi kuɗin aiki a sallame shi. Idan shirin ya yi farin jini har ya kawo biliyoyi, ba shi da kaso, sai in yana cikin kwamitin.

Shi ma kamfanin zanen rarraba aikin yake yi ga ƙananan kamfanoni da masu zaman kansu, har zuwa Koriya ta Kudu da Sin da Filifin da Biyetnam. A can ƙasan tsani akwai masu cike gurbi, watau waɗanda suke zana hotunan da ke tsakanin manyan zane biyu domin motsi ya tafi daidai. Kashi ɗaya na rabin awa yana cin dubban irin waɗannan hotuna. An daɗe ana biyansu a kan kowace takarda, kimanin yen 200. Wanda ya iya zana 300 a wata ya tashi da yen 60,000 ke nan, a birnin da kuɗin hayar ɗaki ɗaya kan cinye wannan adadi.

Binciken da ƙungiyar masu zane ta JAniCA ta fitar a 2019 ya nuna cewa matsakaicin abin da mai cike gurbi yake samu a shekara yen miliyan 1.25 ne, alhali matsakaicin albashin ma'aikacin kamfani a ƙasar ya haura yen miliyan 4. A 2024 wani kwamitin Majalisar Ɗinkin Duniya mai lura da kasuwanci da haƙƙin ɗan Adam ya ambaci sana'ar a rahotonsa kan Japan, inda ya nuna damuwa da ƙarancin albashi da tsawon lokacin aiki.

Illar wannan ta fara bayyana. Matakin cike gurbi shi ne makarantar da ake koyon sana'ar, daga nan ake samun manyan masu zane da daraktoci. Idan matasa suka gudu kafin su ƙware, babu wanda zai gaji tsofaffi. Ga shi kuwa ana fito da shirye-shiryen telebijin wajen 300 a shekara, manyan kamfanoni sun cika da aikin shekaru masu zuwa, kuma ya zama ruwan dare a ji an ɗage nuna wani kashi saboda ba a gama zana shi ba.

Akwai waɗanda suka bi wata hanya. Kamfanin Kyoto Animation ya yi suna wajen ɗaukar masu zane aiki na dindindin da albashin wata, da koyar da su a gida. Shi ne wanda wani mutum ya cinna wa wuta a ranar 18 ga Yuli, 2019, mutum 36 suka rasu, kuma gudummawar da ta kwararo daga ƙasashe da yawa ta nuna irin matsayinsa a zukatan masu kallo. Kamfanin MAPPA ya zuba kuɗinsa shi kaɗai a shirin Chainsaw Man na 2022 domin ribar ta zama tasa. Kamfanin Ufotable kuwa yana cikin masu jari a Demon Slayer tare da Aniplex da Shueisha. Haka nan a watan Nuwamba na 2024 wata sabuwar doka ta fara aiki, wadda ta wajabta a rubuta wa mai zaman kansa sharuɗɗan aiki, a kuma biya shi cikin kwana 60.

GWAMNATI TA FARGA

Hukumomin Japan sun daɗe da gane amfanin anime wajen jawo wa ƙasar farin jini. A 2008 Ma'aikatar Harkokin Waje ta naɗa Doraemon, kyanwar inji ta wani shahararren shiri, jakadan anime. Yanzu batun ya wuce farin jini ya koma na tattalin arziki. Cinikin waje na anime da manga da wasannin kwamfuta da finafinai a haɗe ya kai yen tiriliyan 4.7 a 2022, adadin da ya yi kafaɗa da kafaɗa da abin da ƙasar take samu daga fitar da ƙarafa. A 2024 gwamnati ta sa wa kanta burin kai shi tiriliyan 20 kafin 2033.

Dole ce ta sa haka. Haihuwa tana raguwa a Japan, har jariran da 'yan ƙasar suka haifa a 2024 ba su kai 700,000 ba. Ƙasar da yaranta suke raguwa ba za ta dogara da su wajen sayen kayan wasa ba, don haka ido ya koma Indiya da Kudancin Amurka da Gabas ta Tsakiya da Afirka, inda matasa suka fi yawa.

Sa'udiyya misali ce ta yadda zamani ya juya. A 2001 an hana wasan katin Pokémon a ƙasar. Shekara 20 bayan haka, kamfanin Manga Productions na ƙasar ya haɗa gwiwa da Toei suka fito da fim ɗin The Journey a 2021. A 2022 aka kafa ƙaton mutum-mutumin Grendizer a Riyad, a 2024 kuma aka sanar da shirin gina filin shaƙatawa na Dragon Ball a Qiddiya.

ABIN LURA GA IYAYE DA MASU SANA'A

Tun da wayar hannu ta kawo anime cikin gidajen Legas da Kano da Yamai, ya kamata iyaye su san cewa ganin zane ba ya nufin abin na yara ne. A Japan kanta shirye-shirye da yawa da tsakar dare ake nuna su domin manya, kuma wasu suna ɗauke da zubar da jini ko tsiraici. Kafofin da suke nuna su bisa izini sukan rubuta shekarun da suka dace da kowane shiri, shafukan sata kuwa ba ruwansu. Duba wannan alama kafin a miƙa wa yaro waya ya fi hana shi kallo gaba ɗaya, domin akwai shirye-shirye masu koyar da juriya da zumunci da girmama na gaba.

Masu sana'ar fim da marubuta na ƙasar nan ma suna da abin dubawa. Japan ba ta jira ta kai Amurka kuɗi ba kafin ta fara, kuma ba ta sauya abincinta da sunayenta da tatsuniyoyinta domin baƙi su saya ba. Ta gina sana'ar a kan littattafai masu araha waɗanda ake gwada labari a cikinsu kafin a kashe masa kuɗin majigi. Ƙasar da take da Gizo da Ƙoƙi, da tarihin Bayajida da Sarauniya Amina, da ɗimbin marubutan littattafan hikaya, ba ta rasa abin zanawa ba.

Ɗaya darasin ya fi ɗaci. Farashin da Tezuka ya karya a 1963 ya buɗe kasuwar duniya, amma fiye da shekara 60 bayan haka masu zane suna biyan bashinsa. Burin yen tiriliyan 20 yana buƙatar hannaye masu yawa da suka ƙware, kuma hannu ba ya ƙwarewa sai ya shekara da shekaru a kan tebur. Ko matashin da ya fara cike gurbi a Suginami a bana zai iya jurewa har 2033, wannan ya danganta ne ga ko kwamitocin da suke raba riba za su ƙara wa kashi 12 ɗin nan wani abu.